Sojan da ke Tsaye a Saman Mota: Tarihin Bindigar da Ake Harbawa Daga Ciki

Wannan karon za mu leƙa tarihin yaƙi, mu bi diddigin na'ura guda: bindigar da ake ɗorawa a saman motar sulke, amma mai harba ta yana zaune a ciki, murfi a rufe, yana kallon allo. Duk wanda ya taɓa wucewa ta shingen sojoji ya san hoton da za mu fara da shi. Mota a tsaye, bindiga a samanta, soja a bayan bindigar, daga ƙugunsa zuwa kansa duk a waje. Labarinmu na yau shi ne yadda aka shafe shekara tamanin ana neman hanyar sauko da wannan sojan daga can sama, da abin da aka samu, da abin da aka rasa a hanya.

Ranar 4 ga Disamba, 2006, wata motar sojan Amurka ƙirar Humvee tana sintiri a unguwar Adhamiyya da ke Bagadaza. Mutum biyar ne a cikinta. Huɗu suna zaune, na biyar ɗin, wani yaro ɗan shekara 19 mai suna Ross McGinnis, yana tsaye a ramin rufin motar riƙe da babbar bindiga. Sai wani ya jeho gurneti daga saman wani gida, ya faɗo ta wannan ramin ya shige cikin motar. McGinnis ya yi ihu ya gargaɗi abokansa. Shi kaɗai ne ke da damar tsallakewa waje, domin rabin jikinsa dama a waje yake. Maimakon haka sai ya zame ciki ya danne gurnetin da bayansa. Ya mutu nan take, sauran huɗun suka rayu. A watan Yunin 2008 Shugaba George W. Bush ya miƙa wa iyayensa lambar yabo mafi girma ta sojan Amurka.

Jarumtar yaron a fili take. Amma injiniyan da ya karanta labarin wata tambaya daban zai yi: me ya sa rufin motar yake a buɗe tun farko? Amsar ita ce, a wancan lokacin, a yawancin motoci, ba yadda za a yi amfani da bindigar sai mutum ya tsaya a bayanta.

ABIN DA BIRNI KE YI WA MOTAR SULKE

An ƙera tankar yaƙi ne don fili. A sahara ko a gona tana hango abokin gaba daga nisan kilomita biyu ko uku, kuma ta san daga gaba zai zo, shi ya sa ake tara mata sulke mafi kauri a goshi, a bar rufi da baya da ɗan dama-dama. Birni yana rushe wannan lissafin baki ɗaya. Abokin gaba yana iya kasancewa a hawa na biyar na bene, ko a ɗakin ƙarƙashin ƙasa, ko a lungun da aka riga aka wuce, kuma tazararsa ba ta wuce jifa ba.

Waɗanda ke cikin tanka, in sun rufe murfi, ta wasu 'yan tagogin gilashi masu kauri suke leƙen duniya, ga ƙarar inji ta toshe kunne. Don haka kwamanda yakan buɗe murfinsa ya fito da kai don ya gani. Da zarar ya fito kuwa, shi ne abu mafi taushi a jikin wannan tulin ƙarfe, kuma kowane maharbi da ke laɓe a taga ya san haka. Zaɓi biyu ke gaban sojan: ya rufe ya makance, ko ya buɗe ya gani a harbe shi. Duk abin da za mu faɗa daga nan ƙoƙari ne na neman zaɓi na uku.

GWAJIN FARKO: JAMUS, 1944

Tunanin ya girmi kwamfuta. A 1944, a Yaƙin Duniya na Biyu, Jamusawa suka fito da wata ƙaramar motar farautar tankoki da aka fi sani da Hetzer. A rufinta akwai bindiga ƙirar MG 34 wadda soja ke juyawa daga ciki da hannayen ƙarfe, yana leƙe ta wani madubi. Babu lantarki, babu allo, ƙarfe ne da gilashi kawai. An yi amfani da irin waɗannan motoci a titunan Warsaw lokacin da mutanen birnin suka yi wa mamayar Jamus bore daga 1 ga Agusta, 1944, boren da ya ɗauki kwana 63. 'Yan boren ma sun ƙwace guda ɗaya tun a kwanakin farko.

Na'urar tana da aibi babba. Gwangwanin harsashinta 50 kacal yake ɗauka, wanda irin wannan bindiga ke zazzagewa cikin 'yan daƙiƙoƙi. In ya ƙare, dole a buɗe murfi a miƙa hannu da kai waje a sa wani. Mu riƙe wannan aibin a ranmu, domin za mu sake haɗuwa da shi bayan shekara sittin.

SUWEZ, 1973

Sojan Isra'ila yana da al'adar da yake alfahari da ita: kwamandan tanka yana yaƙi ne da kansa a waje. A hamadar Sinai wannan al'ada ta ba su saurin gani da saurin harbi. Ranar 24 ga Oktoba, 1973, a ƙarshen yaƙinsu da Masar, suka tura jerin tankoki da motocin sojojin laima cikin birnin Suwez, suna zaton birnin ya riga ya karaya. Suka bi babban titi a jere. Sojojin Masar da mutanen gari suna jiransu a benaye da rokoki da gurneti da ƙananan bindigogi. Lissafin da masana tarihin yaƙin suka fi ambata shi ne, cikin 'yan mintoci an harbi 20 daga cikin kwamandojin tanka 24 da ke jerin farko. Sojojin laiman suka maƙale a wani ofishin 'yan sanda, sai da dare ya yi suka sulale a ƙafa. Isra'ila ta rasa mutum kusan 80, birnin kuma bai faɗi ba. Har yau 24 ga Oktoba ranar biki ce a Suwez.

Wannan darasi, tare da abin da suka ƙara gani a Labanon daga 1982, ya sa Isra'ila ta shiga gaba a wannan fanni. A ƙarshen shekarun 1980 ta ɗauki tankokin T-54 da T-55 ƙirar Tarayyar Sobiyet waɗanda ta ƙwace daga sojojin Larabawa, ta cire musu igwa, ta mayar da su motocin ɗaukar sojoji masu suna Achzarit. A samansu kamfanin Rafael ya ɗora bindigar da ake harbawa daga ciki. Daga wannan zuriya ce na'urar Samson ta fito daga baya.

MOGADISHU DA GROZNY

Shekarun 1990 sun zo da darussa biyu a jere, ɗaya ga Amurka, ɗaya ga Rasha.

Na farko a nahiyarmu ya faru. A 1993 sojojin Majalisar Ɗinkin Duniya suna Mogadishu, har da na Najeriya, waɗanda suka rasa mutum bakwai a wani kwanton ɓauna a watan Satumba. Ranar 3 ga Oktoba, dakarun Amurka na musamman suka kai samame kusa da kasuwar Bakara don kama wasu manyan na hannun daman Janar Muhammad Farah Aidid. Da motocin Humvee da manyan motocin ɗaukar kaya suka shiga, domin an nemi a turo tankoki tun kafin nan, ma'aikatar tsaro a Washington ba ta amince ba. Na farkon da ya mutu a cikinsu a ranar shi ne Saje Dominick Pilla, wanda aka harba a ka yana riƙe da bindigar motarsa. Aka harbo jirage masu saukar ungulu biyu, aka kwana ana ɓarin wuta, sai da tankokin Pakistan da motocin sulken Malesiya suka shigo aka fitar da waɗanda suka maƙale. Amurkawa 18 suka mutu, Somaliyawa kuwa ɗaruruwa, ciki har da mata da yara. Sakataren tsaron Amurka, Les Aspin, ya ajiye aiki a watan Disamba.

Na biyu ya fi muni. Ranar 31 ga Disamba, 1994, Rasha ta tura jerin gwanon motocin sulke cikin Grozny, babban birnin Checheniya. Birged ta 131 daga Maikop ta shige har tashar jirgin ƙasa ba tare da wata turjiya mai ƙarfi ba, sannan tarko ya rufe. 'Yan Checheniya sun kasu ƙananan ƙungiyoyi, kowace da mai roka, da mai bindiga mai jigida, da gwanin harbi daga ɓoye. Sukan bugi motar gaba da ta baya, titi ya toshe, sannan su bi na tsakiya ɗaya bayan ɗaya. Alkaluman da aka fi ambata sun ce birged ɗin ta rasa tankoki 20 cikin 26, da motocin sulke 102 cikin 120. Kwamandanta, Kanar Ivan Savin, yana cikin waɗanda suka mutu.

Grozny ta ƙara wani darasi a kan na Suwez. Igwar tankokin Rasha ba ta ɗaguwa sama da digiri 14 ko kusa da haka, ba ta kuma sunkuyawa sosai, don haka wanda ke saman bene da wanda ke ƙarƙashin ƙasa duk sun fi ƙarfinta. Sai da Rashawa suka jawo motocin kakkaɓo jirage irin su Shilka, mai bakin bindiga huɗu da ke iya kallon sama kusan tsaye, suka riƙa share benaye da su. Abin da birni ke buƙata ya fito fili: bindigar da ke juyawa ko'ina, ke ɗaga kai sosai, kuma ba ta buƙatar mutum a bayanta.

IRAƘI: INDA ABIN YA ZAMA DOLE

Tun kafin Bagadaza ta faɗi aka fara biyan farashin tsayuwa a sama. Ranar 4 ga Afrilu, 2003, kusa da filin jirgin saman birnin, Saje Paul Ray Smith ya hau bayan bindigar wata motar sulke ƙirar M113, ƙirjinsa a waje, ya tare hari har aka kashe shi. Shi ne sojan farko da ya samu lambar yabo mafi girma a yaƙin Iraƙi. Mu lura: biyu daga cikin 'yan ƙalilan ɗin da suka samu wannan lamba a yaƙin, Smith da McGinnis, a bayan bindigar saman mota ajalinsu ya same su.

Bayan faɗuwar gwamnatin Saddam Husaini, yaƙin ya koma na sari-ka-noƙe. Humvee, motar da aka ƙera don zirga-zirga a bayan fagen fama, wasu ma da ƙofofin tamfol, ita ta zama motar sintiri a Bagadaza da Ramadi da Mosul. Bama-baman gefen hanya suka zama babban abin da ke kashe sojojin Amurka. In bam ya tashi, na saman ne ɓaraguzai ke fara samu. In mota ta kife, shi take dannewa. In maharbi yana neman wanda zai ɗauke, shi kaɗai ake gani.

Sojoji suka shiga tsintar ƙarafa a juji suna walda wa motocinsu. Ranar 8 ga Disamba, 2004, a wani sansani a Kuwait, wani ƙaramin soja ya miƙe a gaban dubban 'yan uwansa ya tambayi Sakataren Tsaro Donald Rumsfeld dalilin da ya sa suke tonon juji don neman sulke. Amsar Rumsfeld, cewa ana tafiya yaƙi ne da rundunar da ake da ita ba wadda ake fatan samu ba, ta tayar da ƙura a Amurka. Mu da muka san ba a fafe gora ranar tafiya, mun gane abin da ya harzuƙa iyayen sojojin.

Mafita ta farko ita ce a kewaye mai harbin da garkuwar ƙarfe, daga baya a ƙara gilashin da harsashi ba ya hudawa, wanda sojoji suka riƙa yi wa laƙabi da gilashin Paparoma. Wannan ya taimaka, amma ya ƙara nauyi a saman mota, ya sa ta fi saurin kifewa, kuma sama tana nan a buɗe ga gurneti.

Mafita ta biyu ita ce a sauko da mutumin gaba ɗaya. Motocin Stryker masu ƙafa takwas, waɗanda suka isa Iraƙi a ƙarshen 2003 suka yi aiki a Mosul, sun zo da na'urar Protector ta kamfanin Kongsberg na ƙasar Norway. Ga sauran motoci kuma, sojan Amurka ya buɗe wani shiri mai suna CROWS, harufan da suka haɗu suka ba da kalmar da ke nufin hankaki a Turanci. Kamfanin Recon Optical ne ya ƙera rukunin farko, waɗanda suka fara isa Iraƙi a wajajen 2004 zuwa 2005. A watan Agustan 2007 Kongsberg ya ci kwangilar kashi na biyu, ta na'urori har 6,500, ya riƙa haɗa su a garin Johnstown na jihar Pennsylvania. Aka ɗora su a kan Humvee, da manyan motocin da ke jure nakiya waɗanda Sakataren Tsaro Robert Gates ya matsa aka sayo daga 2007, har da tankokin Abrams, waɗanda aka yi wa kwaskwarimar yaƙin birni bayan abin da aka gani a Falluja a watan Nuwamban 2004. Zuwa yau Kongsberg ya sayar da fiye da 20,000 ga ƙasashe sama da ashirin.

YADDA TAKE AIKI

Ga mai son siffanta ta a labari, ga yadda take. A saman mota akwai wata kujerar ƙarfe da ke juyawa zagaye cikakke da ƙarfin lantarki, tana ɗaga baki har digiri 60, tana sunkuyar da shi digiri 20. A kanta ake ɗaura bindigar da aka saba da ita, ba wata sabuwa ba: ko babbar M2 mai harsashin milimita 12.7, ko M240 mai 7.62, ko M249 mai 5.56, ko Mk 19 mai tofa gurneti na milimita 40. A jikinta akwai akwatin idanu uku: kyamarar rana mai jawo abu kusa, kyamarar da ke ganin ɗumin jiki cikin duhu ko hayaƙi, da hasken leza mai auna nisa.

A ciki, sojan yana zaune a kujera, ɗaure da bel, allo a gabansa, hannunsa a kan sandar sarrafawa irin ta wasan kwamfuta. In ya ga abin da yake nema sai ya ɗora masa alamar saiti, ya danna leza, kwamfuta ta lissafa yadda harsashi zai sunkuya a wannan nisan ta gyara bakin bindigar da kanta. Akwai na'urar da ke riƙe saitin ko mota tana tsalle a kan ramuka. Akan kuma shata mata wuraren da ba za ta yi harbi ba, don kada ta sare eriyar motarta. Amma yatsan mutum ne ke danna kunama. Na'urar ba ta zaɓar wanda za a harba.

Ribar a bayyane take. Sojan da a da yake harbi a tsaye, mota na girgiza shi, zuciya na bugawa, yanzu yana iya samun abin da ya saita tun a harsasan farko. Yana gani da dare. Bam ya tashi yana bayan sulke. Gurneti ya faɗo ya tarar da rufi a rufe.

ABIN DA ALLO BA YA NUNAWA

Sai dai sojojin da suka yi aiki da ita sun dawo da koke-koke, kuma koke-koken sun cancanci a saurara. Na farko, kyamara tana gani da nisa amma a ƙuntace, kamar mai leƙen kasuwa ta cikin kara. Mutumin da ke tsaye a sama yana gani ta wutsiyar ido, yana jin daga ina harbi ya fito, yana jin warin ƙonewa, yana lura in titin da kullum yake cike da yara yau ya yi tsit. Wannan shirun sau da yawa shi ne gargaɗin farko cewa an binne wani abu. Allo ba ya kawo shi.

Na biyu, tsohon aibin Hetzer bai mutu ba. In harsashi ya ƙare, ko bindiga ta cije, dole wani ya buɗe murfi ya fita, kuma bindiga ba ta cijewa sai ana tsakiyar harbi. Na uku, na'urar tana ƙara wa mota tsawo. A unguwannin Bagadaza, inda wayoyin janareto ke saƙe a saman tituna kamar yanar gizo, doguwar mota takan tsinko su ta bar unguwa cikin duhu da fushi. A kan Abrams kuma kwamandoji sun koka cewa tana tare musu gani, har sai da aka ƙera wata gajeriya. Na huɗu, gilashin kyamara abu ne da ƙura ko harsashi ɗaya ke makantarwa.

WANDA KE TSAYE A TITI

Duk abin da muka faɗa zuwa yanzu daga ɓangaren sojan ne. A birni kuwa akwai mutum na uku, wanda bai ɗauki makami ba, ya fito ne neman burodi ko kai matarsa asibiti.

Masu goyon bayan na'urar suna da hujja mai ƙarfi: tsoro ne ke sa saurin harbi. Ranar 4 ga Maris, 2005, da dare, a kan hanyar filin jirgin Bagadaza, mai bindigar saman wata Humvee ya buɗe wuta a kan wata ƙaramar mota da ta nufo shingensu. A cikinta akwai jami'in leƙen asirin Italiya Nicola Calipari, wanda ya karɓo 'yar jarida Giuliana Sgrena daga hannun masu garkuwa da ita a daren. Calipari ya mutu, ita kuma ta ji rauni. Amurka ta ce motar tana gudu kuma ba ta kula da gargaɗi ba, Italiya ta musanta. An san wannan labarin ne saboda Turawa ya shafa. Iyalan Iraƙi da yawa sun gamu da irinsa a shingaye ba a rubuta sunayensu ba. Hujjar ita ce, sojan da ke bayan sulke, wanda ke iya jawo hoto ya ga fuskokin da ke cikin mota, yana da daƙiƙoƙin da zai jira, waɗanda na tsaye a fili ba shi da su.

Masu suka kuma suna da tasu. Ranar 12 ga Yuli, 2007, matuƙan jirgi mai saukar ungulu ƙirar Apache, suna kallo ta allo, suka ɗauki kyamarar wani mai ɗaukar hoto a matsayin makami, suka buɗe wuta a wata unguwa ta gabashin Bagadaza. Ma'aikatan kamfanin dillancin labarai na Reuters biyu, Namir Nuruddin da Sa'id Shamag, suna cikin waɗanda suka mutu, yara biyu kuma suka ji rauni a motar da ta tsaya ɗaukar wanda aka harba. Duniya ta ga hoton bidiyon a 2010 lokacin da WikiLeaks ta sake shi. Jirgi ne ba mota ba, amma ido iri ɗaya ne: hoto mai toka-toka, mutane kamar inuwa. Allo yana nuna siffa, mai kallo ne ke ba ta ma'ana, kuma wanda ya zo yana tsammanin makami yakan ga makami.

Akwai wani abu kuma da ya fi wannan sauƙi. Sojan da ke tsaye a sama yana da fuska da hannu. Yana ɗaga wa direba hannu ya tsaya, yana daka tsawa, wani lokaci yana yi wa yara murmushi. Direban tasi yana iya kallon idonsa ya gane ko a fusace yake, ya ɗaga hannuwa, ya nuna masa mara lafiyar da ke kujerar baya. In bindiga ce kawai ke juyowa ta dube ka, babu kowa a bayanta, wa za ka yi wa bayani? Dokar yaƙi, musamman ƙarin yarjejeniyar Geneva na 1977, ta wajabta bambance mayaƙi da farar hula, kuma wajibin bai sauya ba don an sauya wurin zaman mai harbi. Abin da ya sauya shi ne hanyar da farar hular ke da ita ta nuna ko shi wane ne.

BAYAN IRAƘI

Na'urar ta bazu. Turkiyya tana ƙera tata ta hannun kamfanin Aselsan, haka Jamus da Faransa da Sin. A 2017, lokacin da sojojin Filifin suka shafe wata biyar suna ƙwato birnin Marawi daga mayaƙan da ke biyayya ga ƙungiyar IS, sun yi amfani da tsofaffin motocin M113 da kamfanin Elbit ya ɗora wa irin wannan bindiga, yayin da a jikin wasu motocin sojoji ke ɗaura katako don rage ƙarfin roka. Sabuwar fasaha da dabarar talaka a titi guda. Rasha ta kai tunanin ƙarshensa a tankar T-14 Armata da ta nuna a faretin Mosko na 2015, inda duka ma'aikatan ke zaune a cikin gangar jiki, babu kowa a hasumiyar igwa.

An kuma gwada raba mutumin da motar kwata-kwata. Rasha ta kai wata ƙaramar tanka maras direba mai suna Uran-9 Siriya, masu bincikenta na soja suka bayyana a 2018 cewa tana yawan yanke sadarwa da mai sarrafa ta in gine-gine suka shiga tsakani. Birni ya sake nuna halinsa. Isra'ila ta jera hasumiyoyi masu irin wannan bindiga a kan iyakar Gaza, ana sarrafa su daga ɗakuna masu nisa, amma ranar 7 ga Oktoba, 2023, mayaƙan Hamas suka fara da sako musu bama-bamai daga ƙananan jirage marasa matuƙa, suka makantar da su kafin su tsallaka shinge. A Yukren kuwa aikin ya juye: ana ɗora wa na'urar ƙarin idanu don ta harbo waɗannan ƙananan jiragen, domin yanzu haɗarin ba daga taga kaɗai yake sauka ba.

Mataki ɗaya ya rage, wato a cire yatsan mutum daga kunama a bar wa kwamfuta zaɓi. Tun 2014 ƙasashe ke tattauna wannan a Geneva, kuma a Disamban 2023 babban zauren Majalisar Ɗinkin Duniya ya zartar da ƙudurinsa na farko a kan makamai masu yanke hukunci da kansu. Har yanzu babu yarjejeniyar da ta ɗaure kowa.

A namu yankin, daga Borno zuwa Diffa zuwa tafkin Chadi, hoton da aka fi gani har yau shi ne na farko: buɗaɗɗiyar mota, bindiga a baya, saurayi a tsaye cikin rana da ƙura. Wannan tarihin ya nuna cewa rundunonin da suka sauko da nasu sun yi hakan ne bayan sun ƙirga gawarwaki, a Suwez, a Mogadishu, a Grozny, a Bagadaza, kuma ba wanda zai ce wa uwar McGinnis rufaffen rufi ba shi da amfani. Ya kuma nuna cewa duk lokacin da aka ƙara wa na ciki aminci, sai an sake tambayar me ya rage wa na waje. Wanda zai rubuta labarin yaƙi a cikinmu, ya tuna mutum biyu ne a wannan titin: wanda ke kallon allo, da wanda ke cikin allon.